Katar Tsakanin Saudiyya da Iran: Raba Ƙafa da Abin da Yake Ci

Da sanyin safiyar Litinin, 5 ga Yunin 2017, ana tsakiyar azumi, Saudiyya da Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa da Baharen da Masar suka sanar da yanke hulɗa da Katar, suna zarginta da goyon bayan ƙungiyoyi irin su 'Yan'uwa Musulmi da kusantar Iran. An ba jami'an diflomasiyyarta awa 48 su tattara nasu ya nasu, ƙasashen uku na yankin Tekun Fasha kuma suka ba sauran 'yan Katar kwana 14 su fice. An rufe mashigar Salwa, ita ce kuwa ƙofa ɗaya tilo da Katar ke da ita ta tudu. An hana jiragenta bi ta samaniyar ƙasashen huɗu, an hana jiragen ruwanta tsayawa a tashoshinsu. Kafin a sha ruwa a ranar, mutanen Doha sun yi wa manyan kantuna dirar mikiya, madara da ƙwai da kaji suka yi ɓatan dabo daga kan kanta. Bayan 'yan kwanaki aka koro raƙuma da tumakin 'yan Katar sama da dubu goma daga makiyayar Saudiyya, makiyaya suna ta faman rarrabe nasu a bakin iyaka cikin zafin rani.

Wanda ya dubi taswira zai ce ƙasar ba za ta kai wata guda ba. Faɗin Katar kimanin murabba'in kilomita 11,500 ne, wato ɗan fiye da rabin jihar Kano. A lokacin mazauna cikinta sun kusa miliyan 3, amma 'yan ƙasa na asali ba su wuce kimanin dubu 300 ba, sauran duk baƙi ne 'yan ci-rani. A wancan lokacin wajen kashi 90 cikin 100 na abincinta daga waje yake zuwa, kuma kusan kashi 40 cikin 100 ta wannan ƙofar ta Salwa yake shigowa. Ruwan sha kuwa na teku ne ake tacewa. Duk da haka sai da aka yi shekara uku da rabi ana wannan takun-saƙa, aka sasanta a garin Al-Ula na Saudiyya ranar 5 ga Janairun 2021, Katar ba ta rufe Al Jazeera ba, ba ta kori sojan Turkiyya ba, ba ta juya wa Iran baya ba.

Masu sharhi da yawa kan taƙaita lamarin da cewa kuɗi ne. Kuɗi sun yi rana, babu musu. Amma Kuwait ma attajira ce lokacin da Saddam Husaini ya haɗiye ta cikin kwana biyu a watan Agustan 1990, alhali tun 1961 take rabon tallafi ga ƙasashen Larabawa ta asusunta na raya ƙasashe. Abin da ya ceci Katar wani tsari ne da aka yi shekara ashirin ana ginawa: a sa manyan ƙasashe da dama, har da waɗanda ba sa ga-maciji da juna, kowacce ta sami wani abu nata a cikin Katar wanda za ta yi asara idan ƙasar ta faɗi. Wannan ba zaman 'yan ba-ruwanmu ba ne. Ɗan ba-ruwanmu yakan ja jikinsa daga kowa, ita kuwa Katar cusa kanta ta yi cikin sha'anin kowa.

Asalin matsalar a ƙarƙashin teku take. A 1971 aka gano rijiyar iskar gas da Katar ke kira Filin Arewa, Iran kuma ke kira Pars ta Kudu. Tafki ɗaya ne, mafi girma a duniya, faɗinsa kimanin murabba'in kilomita 9,700, wajen 6,000 a ruwan Katar, 3,700 a ruwan Iran. Iyakar da aka shata a saman ruwa ba ta raba abin da ke ƙasa. Gas yakan gangara zuwa ɓangaren da aka fi zuƙa, saboda nan ne matsin ya fi raguwa, shi ya sa Iran ta daɗe tana ƙorafin cewa maƙwabciyarta na sha mata kunu ta ƙarƙashin ƙwarya. Mutum biyu masu shan ƙoƙo ɗaya ba sa iya gaba ta har abada. Ga kuma mashigin Hormuz, wanda duk wani jirgin gas na Katar sai ya bi ta cikinsa, a gaban bindigogin Iran. Saudiyya tana da bututun da ke kai manta Yanbu a Bahar Maliya, Daular Larabawa tana da nata zuwa Fujaira, duka biyun suna kauce wa Hormuz. Katar ba ta da irin wannan mafita. To, ta tudu Saudiyya ce ke riƙe da ƙofa, ta ruwa Iran ce. Gaba kura, baya sayaki.

Da Saudiyya ma ba a kan shimfiɗar lumana aka faro ba. A watan Satumban 1992 an yi musayar wuta a wani shingen iyaka da ake kira Khafus, aka rasa rayuka. A wannan shekarar Katar ta sa hannu kan yarjejeniyar tsaro da Amurka, don gemun Kuwait da ya kama wuta ya sa ta shafa wa nata ruwa. A Yunin 1995 Hamad bin Khalifa ya hamɓarar da mahaifinsa ba tare da zubar da jini ba, a Fabrairun 1996 aka yi yunƙurin mayar da tsohon sarki, Doha kuma ta zargi maƙwabta da hannu a ciki. Daga nan sabon sarkin ya ƙudurce cewa zama ƙarƙashin inuwar Riyad kaɗai ba zai fisshe shi ba.

Abin da ya biyo baya yana da tsari, kuma ya cancanci a bi shi daki-daki.

Na farko, yadda aka zaɓi sayar da gas. Hanya mafi sauƙi ita ce a shimfiɗa bututu zuwa maƙwabta. Amma bututu igiya ce a wuya: mai saye ɗaya ne, ƙasar da ya ratsa kuma tana iya murɗe famfo ran da ta ga dama. Sai Katar ta ɗauki hanya mai tsada, ta gina masana'antu a Ras Laffan inda ake sanyaya gas zuwa digiri 162 ƙasa da sifili har ya zama ruwa, girmansa ya ragu ninki 600, a ɗura shi a jirgin ruwa a kai duk inda aka so. Jirgin farko ya isa Japan a Janairun 1997. Zuwa 2010 ƙarfin masana'antun ya kai tan miliyan 77 a shekara. Kuma ba ita kaɗai ta zuba jarin ba, ta ba ExxonMobil da Shell da Total da kamfanonin Japan hannun jari a ciki, ta ƙulla kwangiloli na shekara 20 zuwa 25 da Japan, Koriya ta Kudu, Indiya, Birtaniya, daga baya Sin. Ma'anar wannan a siyasance ita ce, duk wanda ya taɓa Ras Laffan ya taɓa wutar lantarkin Tokyo da Seoul, ya kuma taɓa aljihun manyan kamfanonin Amurka da Turai.

Na biyu, sansanin Al Udeid. A 1996 Katar ta kashe sama da dala biliyan 1 ta gina filin jiragen yaƙi mai doguwar hanyar sauka, wanda ya fi ƙarfin 'yar rundunar samanta nesa ba kusa ba. Gida ne aka gina aka share ana jiran baƙo. Baƙon ya zo bayan harin 11 ga Satumban 2001, a 2003 kuma Amurka ta kwaso cibiyarta ta sarrafa yaƙin sama daga sansanin Yarima Sultan na Saudiyya ta dawo da ita nan, saboda zaman sojan Amurka a ƙasa mai tsarki ya zama wa gidan sarautar Saudiyya ƙarfen ƙafa. A lokacin rigimar 2017 sojoji kimanin dubu 10 ke zama a wurin, kuma Katar ce ke ɗaukar kaso mai yawa na kuɗin gini da faɗaɗawa. Ba haya take karɓa ba, inshora take biya.

Na uku, murya da dillanci. Al Jazeera ta fara watsa shirye-shirye a Nuwamban 1996, a shekarar da Isra'ila ta buɗe ofishin kasuwanci a Doha, wanda ya zauna har 2009. Doha ta sasanta 'yan siyasar Lebanon a Mayun 2008, ta karɓi tattaunawar Darfur har aka sa hannu kan takardar zaman lafiya a Yulin 2011, ta ba shugabannin siyasar Hamas masauki a 2012, ta buɗe wa Taliban ofis a 2013, wanda ta nan aka kai ga yarjejeniyar Amurka da Taliban ta 29 ga Fabrairun 2020. Ko gwamnatin Chadi da ƙungiyoyin 'yan tawayenta a Doha suka yi watanni suna zama kafin su sa hannu a Agustan 2022. Duk wanda ya san kara ya san darajar dillali: mai saye ba ya son ganin bayansa, mai sayarwa ma haka, domin ta bakinsa ake faɗin abin da ba a iya faɗa ido da ido. La'adar Katar a nan ba kuɗi ba ce, ita ce a riƙa buƙatar ta.

Sai dai dillanci yana da ƙa'ida ɗaya, kuma Katar ta karya ta. Dillalin da aka gane yana saye wa kansa ta bayan fage ya gama yawo a kasuwa. Daga 2011, da guguwar sauyi ta taso a ƙasashen Larabawa, Doha ta bar shiga tsakani ta ɗauki ɓangare. Ta tura jirage da makamai Libiya, ta tallafa wa wasu ƙungiyoyin 'yan tawayen Siriya, ta zuba biliyoyin daloli ga gwamnatin Muhammad Mursi a Masar. Lissafinta shi ne 'Yan'uwa Musulmi ne za su gaji mulki a yankin, gara a kama ƙafa da wuri. Riyad da Abu Dhabi kuwa suna kallon wannan ƙungiya a matsayin barazana ga karagarsu. Da soja suka kifar da Mursi a 3 ga Yulin 2013, mako guda kacal bayan Tamim ya karɓi sarautar Katar daga mahaifinsa Hamad, sai Katar ta wayi gari ta yi caca ta faɗi. A Maris 2014 Saudiyya da Daular Larabawa da Baharen suka janye jakadunsu, ba su mayar ba sai Nuwamba. A ganina nan ne kuskuren Doha mafi girma: ta ɗauka cewa tun da tana da kuɗin babbar ƙasa, tana iya wasan babbar ƙasa. Ƙaramar ƙasa tana iya sayen kujera a wurin sulhu, amma ba ta iya jure asarar yaƙin da ta ɗauki nauyinsa a gidan wani.

Ta dai koyi abu ɗaya daga 2014. A Disambar shekarar ta ƙulla yarjejeniyar soja da Turkiyya, ta kuma matsa ƙaimi wajen gina sabuwar tashar jiragen ruwa. Waɗannan biyun su suka yi mata rana.

Yanzu a koma 2017 a ga yadda kowace ƙofa ta rufe da yadda aka ɓulla.

Samaniya ta fi komai rikitarwa, kuma nan ne wani tsohon sakaci ya fito fili. Hukumar sufurin jiragen sama ta duniya, ICAO, ta rarraba sararin sama zuwa yankuna, kowane yanki da ƙasar da ke ba jirage umarni a cikinsa, kuma ba dole ba ne yankin ya yi daidai da iyakar ƙasa. Tun zamanin Turawan Ingila Baharen ce ke kula da yankin da ya kewaye Katar, bayan samun 'yanci a 1971 ma aka bar shi haka don babu wanda ya ga illa. Ranar da aka rufe, sai ya zamana jirgin da ya tashi daga Doha ba shi da mafita sai wani siririn lungu zuwa arewa, ya faɗa samaniyar Iran. Jirgin da zai nufi Afirka, maimakon ya ratsa Saudiyya kai tsaye, sai ya yi gabas ta kan Iran, ya karkato kudu ta Oman da Tekun Arabiya, sannan ya juyo yamma, ƙarin awanni da ƙarin mai a kowace tafiya. Qatar Airways ya rasa garuruwa 18 a dare ɗaya, ya bayyana asarar dala miliyan 69 a shekarar farko, ta biyu kuma miliyan 639. Kuɗin ratsa samaniya da aka riƙa biyan Iran an ƙiyasta shi da wajen dala miliyan 100 a shekara. Wato takunkumin da aka ƙaƙaba don raba Doha da Tehran shi ya mayar da Iran hancin da Katar ke numfashi da shi, har a watan Agustan 2017 ta mayar da jakadanta Tehran, wanda ta janye a farkon 2016 don nuna goyon baya ga Saudiyya. Ƙaiƙayi ya koma kan masheƙiya. Sai a 2022 ICAO ta amince a yanka wa Doha nata yankin.

Ta ruwa, matsalar ita ce tsohuwar tashar Doha ba ta da zurfin da manyan jiragen kwantena za su shiga. Al'adar ita ce a sauke kaya a Jebel Ali ta Dubai, ƙananan jirage su ƙaraso da su. Da aka toshe wannan, cikin mako guda aka karkatar da kayan zuwa Sohar da Salala a Oman, wadda ta ƙi shiga rigimar. Sabuwar tashar Hamad, da ta ci kimanin dala biliyan 7.4, ta riga ta soma aiki kaɗan-kaɗan, aka ƙaddamar da ita a hukumance a Satumban 2017, manyan jirage suka fara zuwa kai tsaye daga Indiya da Sin da Turkiyya. Da takunkumin ya zo shekara biyu kafin haka, da labari ya sha bamban.

Abinci kuwa ta sama aka fara cike giɓinsa. Turkiyya ta aika jiragen dakon kaya sama da ɗari cikin makonnin farko, Iran ta aika nata ɗauke da kayan lambu. Matan Doha da suka saba da madarar Saudiyya suka koma karanta rubutun Turkanci a jikin kwali. Sannan aka yi abin da ya ba duniya dariya da mamaki: a watan Yuli wani jirgin dakon kaya ya sauka da shanun madara 165 daga Turai, rukunin farko cikin 4,000 da kamfanin Baladna ya shirya shigowa da su. An gina musu rumfuna a hamada, da manyan fankoki da bututun fesa ruwa, domin irin waɗannan shanu nononsu yakan ƙafe idan zafi ya yi yawa, ciyawar da suke ci ma daga ƙetare ake jigilarta. Cikin shekara biyu ƙasar ta wadatu da ɗanyar madara. A lissafin ɗan kasuwa, kiwon saniyar Turai inda zafi ke haura digiri 45 hauka ne. A lissafin tsaro kuwa an cire wata igiya daga hannun maƙwabci. Haka aka yi da ruwa: ajiyar ruwan sha ta kwana biyu ce kawai, sai aka gina manyan tankunan kankare da aka buɗe a Disambar 2018, suka kai ta kwana bakwai.

Yaƙin da ba a gani shi ne na banki. Riyal ɗin Katar a ɗaure yake da dala, 3.64 kan dala ɗaya. Bankuna da attajiran ƙasashen da suka yanke hulɗa suka fara kwashe ajiyarsu, 'yan canji a kasuwannin waje suka fara karya riyal. Idan aka bari farashin ya tsinke, kowa zai ruga ya canza kuɗinsa, kayan masarufi su yi tashin gwauron zabi, jama'a su juya wa gwamnati baya, abin da masu takunkumi ke fata ke nan. Maganin shi ne a zuba dala fiye da wadda ke fita. Kamfanin Moody's, mai auna ƙarfin ƙasashe na biyan bashi, ya ƙiyasta cewa cikin watanni biyu na farko gwamnati ta zuba kimanin dala biliyan 38.5, kusan kashi 23 cikin 100 na arzikin da ƙasar ke samarwa a shekara, daga babban banki da asusun zuba jarin ƙasa da aka kafa a 2005. A nan kam kuɗi ne suka yi magana.

Akwai kuma abin da Katar ta ƙi yi, wanda a wurina ya fi duk waɗannan nuna basira. Bututun Dolphin, mai tsawon kilomita 364, a lokacin yana kai gas kimanin mita kubik miliyan 56 kowace rana daga Ras Laffan zuwa Daular Larabawa da Oman. Da an rufe shi a tsakiyar bazara, da na'urorin sanyaya ɗaki a Dubai sun ji a jikinsu. Ba a rufe ba, ko na awa ɗaya. Dalili kuwa, duk darajar Katar a wurin Japan da Koriya ta rataya ne kan cewa har zuwa lokacin ba ta taɓa saɓa alkawarin kai kaya ba. Ranar da ta mayar da gas makami, ranar masu saye za su fara neman wani. Bugu da ƙari, da ta ba abokan faɗanta hujjar ɗaukar matakin soja.

Batun soja ma ba zance ne na fatar baki ba. Kwana biyu da rufe iyaka, 7 ga Yuni, majalisar Turkiyya ta gaggauta amincewa da tura dakaru Doha. Yawansu bai isa ya tare rundunar Saudiyya ba, ba kuma don haka aka kawo su ba. An kawo su ne don duk wanda zai tsallako ya san sai ya taka sojan wata ƙasa mai kujera a NATO. A Washington kuwa baki ya rabu biyu: Shugaba Trump ya fito a Twitter yana nuna goyon baya ga masu takunkumi, amma ma'aikatar tsaro da ta harkokin waje suna tuna masa inda jiragen da ke yaƙi da ISIS ke tashi. Ranar 14 ga Yuni Katar ta sa hannu kan cinikin jiragen F-15 na dala biliyan 12, a Disamba ta ƙara Typhoon 24 daga Birtaniya da Rafale 12 daga Faransa a kan 24 da ta riga ta yi oda. Duk masanin soja ya san cewa jirage iri uku ga ƙaramar runduna ciwon kai ne: horo iri uku, kayan gyara iri uku, makanikai iri uku, ga ƙarancin matuƙa. Amma ba jirage kawai aka saya ba, an sayi ma'aikatan masana'antu a ƙasashe uku da 'yan majalisar da ke wakiltarsu. Sarkin Kuwait na lokacin, Sabah al-Ahmad, wanda ya yi ta kai-komo duk da tsufansa, ya faɗa a fadar White House a Satumban 2017 cewa muhimmin abu shi ne an hana a kai ga amfani da ƙarfin soja.

Su kansu masu takunkumin sun taimaka mata da buƙatu 13 da suka miƙa, da wa'adin kwana goma: a rufe Al Jazeera, a rufe sansanin Turkiyya, a rage hulɗa da Iran, a yanke alaƙa da 'Yan'uwa Musulmi, a biya diyya, a kuma yarda a riƙa zuwa bincike duk wata a shekarar farko. Wanda ya nemi abu uku yana iya samun biyu. Wanda ya nemi mukullin gida gaba ɗaya ya sauƙaƙa wa mai gida cewa a'a, ya kuma haɗa masa kan iyalinsa.

Ƙurar rigimar ta kai Afirka, inda ƙasashe masu dogaro da tallafin Larabawa suka sha matsin lamba su zaɓi ɓangare. Nijar da Senegal suka kira jakadunsu gida, Muritaniya ta yanke hulɗa, Chadi ta rufe ofishin jakadancin Katar a Agusta sannan ta maido da hulɗa a farkon 2018. Najeriya da Sudan da Somaliya suka ƙi ɗaukar ɓangare. Jibuti ce ta fi ɗanɗana kuɗarta: ta rage matsayin hulɗa, Katar kuma ta kwashe sojojinta da ke tsaron iyakar Jibuti da Iritiriya tun 2010, cikin 'yan kwanaki Jibuti ta fara kukan cewa Iritiriya ta shiga yankin da ake taƙaddama a kai. Mutanen Maraɗi da Damagaram ma sun san ɗanɗanon rufe iyaka tun bayan juyin mulkin Yulin 2023, lokacin da aka toshe gadar Gaya da Malanbil, Najeriya ta yanke wutar da ke ba Nijar kaso mafi yawa na lantarkinta, kaya suka koma zagayowa daga Lome ta Burkina Faso da rakiyar soja. Bambancin shi ne Nijar ba ta da teku, ba ta da dala biliyan 38 da za ta zuba cikin wata biyu. Shi ya sa ba kowace ƙasa ce za ta iya kwaikwayon Doha ba.

A yankin Tekun Fasha kansa akwai wasu hanyoyin. Baharen ta jingina gaba ɗaya da Saudiyya: a Maris 2011 dakarun Saudiyya kimanin dubu suka tsallaka gadar Sarki Fahad suka taimaka wajen kwantar da zanga-zanga, a 2018 maƙwabta suka yi mata alkawarin tallafin dala biliyan 10. Ta sami kariya, ta rasa bakin magana. Oman kuwa dillanci take yi a ɓoye. Ita ta karɓi ganawar sirri tsakanin Amurka da Iran wadda ta share fagen yarjejeniyar nukiliya ta 2015, ta ƙi shiga yaƙin Yaman, ba ta da tashar talabijin mai tsokanar kowa, ba wanda ya taɓa rufe mata iyaka. Amma Oman bakinta na kallon buɗaɗɗen teku ne, a wajen Hormuz, don haka tana da sararin yin shiru wanda Katar ba ta da shi.

Bayan Al-Ula komai ya yi kamar ya tafi daidai. Amurka ta ba ta matsayin babbar ƙawa wadda ba ta cikin NATO a 2022, ta karɓi gasar cin kofin duniya a ƙarshen shekarar, yaƙin Yukren ya sa Turawa yin layi a Doha neman gas, Saudiyya da Iran ma suka sasanta a Beijing a Maris 2023.

Sai 2025 ta tona inda tsarin ke yoyo. Ranar 23 ga Yuni, kwana ɗaya bayan Amurka ta kai hari kan cibiyoyin nukiliyar Iran, Tehran ta harba makamai masu linzami kan Al Udeid. An yi gargaɗi tun da wuri, an rufe samaniya, an riga an kwashe yawancin jirage, ba a rasa rai ba, washegari ma Doha ce ta taimaka aka tsagaita wuta. Amma mazauna birnin sun ga wuta na tartsatsi a saman gidajensu. Zomo ba ya fushi da makashinsa sai da maratayinsa. Ranar 9 ga Satumba kuma Isra'ila ta kai hari kan wani gida a Doha inda wakilan Hamas ke nazarin tayin tsagaita wuta, mutum shida suka mutu, har da jami'in tsaron Katar, manyan da aka nufa kuma suka tsira. Cikin wata uku, sansanin da aka gina don kariya ya jawo hari daga gabas, ofishin da aka buɗe don dillanci ya jawo hari daga yamma, na biyun ma daga babbar ƙawar mai sansanin. Tsarin da ya yi aiki a kan maƙwabta masu lissafin riba da asara bai tsayar da waɗanda ke ganin suna yaƙin rai da mutuwa ba. Sauran ƙasashen yankin sun karanta saƙon, kwana takwas bayan harin Saudiyya ta sa hannu kan yarjejeniyar tsaro da Pakistan.

Abin da Doha ta samu shi ne neman afuwa ta waya daga Firaministan Isra'ila Netanyahu, yana zaune a fadar White House, da umarnin shugaban ƙasa da Trump ya sa wa hannu a ƙarshen Satumba, mai cewa Amurka za ta ɗauki hari kan Katar a matsayin barazana ga tsaronta. Umarni ne na zartarwa, bai bi ta majalisar dattawa ba, wanda ya gaji kujerar yana iya soke shi da alƙalamin da aka rubuta shi. Takardun da suka fi shi tsawon rai su ne na gas: kwangilar shekara 27 da kamfanin Sinopec na Sin a Nuwamban 2022, irinta da CNPC, shi ma na Sin, a 2023, sai TotalEnergies da Shell da Eni a Oktoban shekarar, duka a kan shirin ɗaga samarwa daga tan miliyan 77 zuwa 126, sannan 142. Kowane jirgin da zai ɗauki wannan gas zai tashi daga Ras Laffan ya nufi Hormuz, inda hanyar da aka ware wa jirage faɗinta kimanin kilomita uku ne ta shiga, uku ta fita.